Yadda Ake Haɗa Mahaɗin Salak Na Gyaɗa A Gida

Da zarar sanyi ya shigo Gusau sai kayan lambu su cika kasuwa. Latas, kabeji, karas, tumatir, gurji, ga albasa buhu-buhu daga Aliero, ga na lambunan bakin gulbi da na wajen Bakalori. A daidai wannan lokaci ne kuma sabuwar gyaɗa ta gama bushewa a hannun manoma ta fara shigowa kasuwa. Abu biyu ne da Allah ya haɗa mana a lokaci guda, amma sau da yawa uwargida kan sayi ganye da araha, sannan ta shiga kanti ta sayi kwalbar bama da kuɗin da ya fi na ganyen, domin an sa mata a rai cewa salak ba ya ciwuwa sai da ita. Wannan yana damuna, domin abin da ya fi bama daɗi da ƙoshi yana cikin mudun gyaɗar da ke ɗakin girkinta.

Ba baƙon abu ba ne a wurinmu. Iyayenmu sun daɗe suna yin datun zogale da na rama da na kanzo da ƙuli-ƙuli. Abin da zan nuna miki ɗan'uwan wannan ne, sai dai shi mai ruwa-ruwa ne, ana zuba shi a kan ɗanyen ganye ya bi ko'ina ya kama. A Indunusiya ma suna da abinci irin wannan da suke kira gado-gado, dafaffen ganye da ɗanye da ake lulluɓewa da miyar gyaɗa mai tsamiya da barkono. Yawancin abin da suke sawa muna da irinsa a nan.

Ga abin da za ki tanada don salak na mutum 5 zuwa 6: markaɗaɗɗiyar soyayyiyar gyaɗa cokali 6 na cin abinci, ruwan lemun tsami cokali 3, ruwan ɗumi cokali 8 zuwa 10, tafarnuwa ƙwaya 1, ɗanyar citta tsawon gaɓar yatsa, rabin tarugu, gishiri rabin cokalin shayi, da zuma ko mazarƙwaila cokalin shayi 1. Gwangwanin madara 2 na ɗanyar ɓararriyar gyaɗa zai ba ki fiye da abin da kike buƙata, ragowar ki ajiye don gobe.

Zaɓen gyaɗa

A nan nake son ki fi ba da hankali, don duk abin da zai biyo baya a kan wannan ya tsaya. In kin je wurin mai gyaɗa kada ki tsaya daga nesa ki ce a auna miki. Ki ce, "Baba, bari in gani," ki zura hannu cikin buhun har ƙasa-ƙasa, ki ɗebo. Busasshiyar gyaɗa tana da ƙara idan kin girgiza ta a tafin hannu, kuma idan kin ɓalla ƙwaya ɗaya za ta rabu biyu da sauƙi, cikinta fari tas. Wadda ba ta gama bushewa ba lanƙwasa take yi kafin ta karye. Ki sansana. In kin ji warin rima ko na tsohon buhu, ki bar ta ko nawa aka rage miki.

Idan kin dawo gida ki baza ta a faifai ko tire a wurin da haske yake sosai, ki zauna ki tsince ta ƙwaya-ƙwaya. Ki fitar da wadda ta yamutse, da wadda ta yi baƙi ko launin ƙasa mai duhu, da wadda ƙwari suka huda, da wadda aka ga wani kore-kore ko rawaya-rawaya a jikinta ko a tsakiyarta. Ki fitar da tsakuwa da ɓawo. Wannan aikin minti 10 ne ko 15, kuma ba don ɗanɗano kawai ake yin sa ba, ko da yake ruɓaɓɓiyar ƙwaya guda tana iya sa ɗaci a kwano guda.

Akwai wata funfuna da ke kama gyaɗa da masara idan fari ya same su a gona, ko an ajiye su da danshi. Ita ce take haifar da gubar da likitoci ke kira afulatoksin. An gano ta ne bayan shekarar 1960, lokacin da talo-talo kusan dubu 100 suka mutu a Ingila sakamakon cin abincin kaji da aka haɗa da dusar gyaɗa mai ɗauke da ita. A jikin mutum hanta take yi wa illa a hankali, tana cikin abubuwan da ke jawo kansar hanta, musamman ga mai ɗauke da ciwon hanta nau'in B. Abin da ya sa nake nanata wannan shi ne suya ba ta kashe ta gaba ɗaya, tafasa ma haka. Maganin da ke hannun uwargida shi ne tsincewa. Yawancin gubar tana taruwa ne a cikin 'yan ƙwayoyin nan marasa kyau, in kin fitar da su kin rage kaso mai yawa. Kuma waɗanda kika fitar kada ki watsa wa kaji ko ki ba akuya, ki zubar inda dabba ba za ta kai ba. Na san gyaɗa ta yi tsada, musamman da matsalar tsaro ta hana manoma da yawa zuwa gonakinsu na nesa, kuma zubar da ko cikin cokali yana da ciwo. Duk da haka ki zubar.

Suya

Hanyar da muka gada ita ce suya da yashi, kuma har yanzu ban ga wadda ta fi ta ba ga mai girki da itace ko gawayi. Yashin yana raba zafi daidai, ba ya barin ƙwaya ta taɓa gindin kasko ta ƙone gefe ɗaya. Ki samu yashi mai tsabta, ki tankaɗe shi, ki wanke ki shanya tun kafin ranar. Ki zuba a kasko ya yi zafi, sannan ki zuba gyaɗar, ki rage wuta ta zama matsakaiciya, ki yi ta juyawa ba tsayawa. Bayan minti 15 zuwa 20 za ki ji ƙamshi ya canza, gafin ɗanyar gyaɗa ya tafi, kuma za ki fara jin 'yar ƙara ƙas-ƙas tana fitowa daga ɓawon.

Ki ɗauko ƙwaya ɗaya, ki hura ta huce, ki murza tsakanin yatsu. In jan ɓawon ya saluɓe da kansa, cikin ya koma ruwan ƙasa mai haske, to ta yi. Ki sauke nan take, kada ki jira ta yi duhun da kike so, domin zafin da ke jikinta zai ci gaba da gasa ta bayan an sauke. Ki juye a rariya yashin ya zube, ki baza ta a tire. Gyaɗar da ba ta soyu ba tana ba mahaɗi gafi da nauyi a harshe, wadda ta wuce kuma tana ba shi ƙauri da ɗaci, kuma lemun tsami yana ƙara fito da ɗacin. Tsakanin biyun, gara ta ɗan gaza da ta wuce.

Mai oben ta baza gyaɗar a faranti shimfiɗa ɗaya, ta sa a digiri 180, ta juya sau biyu, minti 15 zuwa 20 ya isa. Mai gas kuma ba yashi, ta yi amfani da tukunya mai kaurin gindi da ƙaramar wuta, ko ta zuba gishiri mai yawa a madadin yashin.

Idan ta huce har za ki iya riƙewa, ki murje ta da tafin hannu biyu, ki fita waje ki bakace ɓawon. Za ki ga 'yan ƙananan hancin gyaɗa sun taru a gefen faifai. Ki zubar da su in kina da hali, suna da ɗan ɗaci, ko da yake in wasu sun saura ba za su ɓata miki aiki ba.

Markaɗe

Ki niƙa tun tana da ɗumi, lokacin man yana saurin fita. Kusan rabin nauyin gyaɗa mai ne, kusan kashi ɗaya cikin huɗu kuma sinadarin gina jiki, shi ya sa ba ta buƙatar ko ɗigon ruwa kafin ta narke ta zama mai santsi.

In inji za ki kai, ki nemi wanda masu ƙuli-ƙuli suke kai wa, domin shi ya saba da niƙan gyaɗa. Ki gaya masa a fili, ko ki gaya wa yaron da kika aika ya faɗa: "Malam, don Allah ba ruwa, kuma a goge injin tukuna." Injin da aka gama markaɗa wake ko kayan miya da shi zai bar miki ɗanɗanonsu da danshinsu, kuma danshin nan shi ne zai sa ragowar da za ki ajiye ta lalace da wuri. Ki ce a maimaita sau biyu don ta yi laushi.

Blenda ma tana yi, amma ta busassun kaya, kuma da haƙuri. Da farko za ki ga gari. Sai garin ya fara manne wa bango, sai ya cure ya zama dunƙule ɗaya yana bugun gefe, har ki yi zaton injin ya gaza. Ki kashe, ki kankaro da cokali, ki bar shi ya huta minti ɗaya, ki sake kunnawa. A karo na uku ko na huɗu dunƙulen zai saki, ya kwanta, ya fara sheƙi. In ya ƙi saki, cokali 1 na man gyaɗa zai taimaka. Turmi kuma yana yi, sai dai ba zai yi laushin inji ba, za ki riƙa jin 'yan ɓarɓashi, kuma akwai masu son haka.

Haɗawa

Ki samu kwano mai zurfi, na tangaran ko gilashi ko roba mai kyau. Kada ki yi a kwanon alminiyam, tsami yana cin sa yana canza ɗanɗano.

Ki fara da lemun tsami. Ki murza shi a kan tebur da tafin hannu kafin ki yanka don ruwan ya sake, ki matse ta cikin mataci, kada ƙwallo ya faɗa. Ki daka tafarnuwa da citta da tarugu su yi laushi sosai, ko ki gurza su a ƙaramin magurji, ki zuba cikin ruwan lemun tare da gishiri da zuma. Ki juya, ki bar shi minti 10. Dalili biyu ne. Gishiri ba ya narkewa a cikin mai, in kin barbaɗa shi kai tsaye a kan gyaɗar zai zauna wuri-wuri, wani ya ci lami wani ya ci gishiri zalla. Sannan tsamin yana karya kaifin ɗanyar tafarnuwa, ƙamshinta ya saura amma ba ta yi wa mutum maƙaƙi a wuya ba. In mazarƙwaila za ki sa, ki kankare ta da wuƙa ta zama gari kafin ki zuba.

Yanzu ki zuba markaɗaɗɗiyar gyaɗa cokali 6 ki fara juyawa da cokali mai yatsu ko ƙaramin maburgi. Ki lura da abin da zai faru, domin a nan ne mutane da yawa suke karaya. Gyaɗar da ta shiga kwano tana malala za ta ƙame nan take. Za ta yi tauri, ta yi duhu, ta cure a jikin cokali, har ki ga 'yan ɗigon mai suna tsattsafowa a gefe. Ba ta lalace ba. Duk wadda ta taɓa zama kusa da masu yin ƙuli-ƙuli ta san wannan: suna yayyafa wa markaɗen ruwan zafi kaɗan-kaɗan, suna tuƙawa da muciya, har ƙwayoyin garin su manne wa juna su matso man waje, a kwashe mai a bar tunkuza. Ruwa kaɗan shi ke raba gyaɗa da manta. Ruwa mai isa kuma shi ke sake haɗa su. Su masu ƙuli a wannan mataki suke tsayawa su daɗe, ke kuwa so kike ki wuce shi da sauri.

Don haka kada ki tsaya kina tuƙa ta a ƙame. Ki zuba ruwan ɗumi cokali 2, ki juya har ya shige. Ki ƙara 2, ki juya. Wajen cokali na 5 ko na 6 za ki ji hannunki ya yi sauƙi, curin ya fara narkewa, launin ya koma haske, gudajin suna ɓacewa ɗaya bayan ɗaya. Daga nan ki riƙa ƙarawa cokali ɗai-ɗai. Ruwan ya zama mai ɗumi wanda yatsa zai iya zama a ciki, kuma wanda aka tafasa aka bari ya huce, tun da ba za a sake dafa mahaɗin ba. Ruwa mai tsananin zafi yana fitar da mai, ruwan sanyi kuma yana barin gudaji. Haka nan in kin juye ruwan duka a lokaci ɗaya, gyaɗar za ta yi ta yawo a ciki guntu-guntu, sai kin sha wahala kafin ta haɗu.

Kaurin da ake nema shi ne na kunun gyaɗa da ya fara hucewa. Ki tsoma cokali ki ɗaga: ya zuba a zare ɗaya ba yankewa, kuma ya bar shafi a bayan cokalin. In kin ja yatsa a bayan cokalin hanyar ta tsaya ba ta rufe ba, ya yi. Ki tuna zai ƙara kauri idan ya zauna, domin garin gyaɗar yana ci gaba da shan ruwa, saboda haka ki bar shi ya ɗan fi abin da kike so ruwa.

Sai ɗanɗanawa. Kada ki ɗanɗana da cokali kawai, ki tsoma ganyen latas ko yankan kabeji ki ci, domin ganye yana rage ƙarfin komai. Abin da ya yi daidai a cokali zai yi lami a faranti. In kin ji nauyi, yana manne wa dasashi, tsami ne bai isa ba, ki ƙara lemu rabin cokali. In tsami ya yi kaifi, ki ƙara zuma kaɗan ko gyaɗa cokali 1. In komai ya ji amma ba armashi, gishiri ne, ki narka ɗan kaɗan a cokalin ruwa ki zuba. In ya tsinke, ki dama gyaɗa cokali 1 a wani kofi da ɗan mahaɗin, sannan ki mayar cikin kwanon. Yaji kuwa in ya yi yawa ba ya fita, sai dai a ƙara yawan komai, shi ya sa na ce rabin tarugu. Mai son ƙari a ajiye masa dakakken yaji a gefe.

Maganar dunƙulen magi: mutane da yawa hannunsu ya saba, ba sa iya girki ba shi. A ganina wannan mahaɗi ba ya buƙata, soyayyiyar gyaɗa tana da nata daɗin, dunƙule kuma yana danne shi har komai ya koma ɗanɗano ɗaya da miyar jiya. In dole ne, rabi ya isa, kuma ki rage gishiri. Abin da na fi so shi ne ɗan guntun daddawa, a ɗan gasa ta a wuta, a daka ta da tafarnuwar. Kaɗan ake sawa, wanda mai ci zai ji daɗi bai san daga ina ya fito ba.

Idan ba lemun tsami, tsamiya tana maye gurbinsa, har wasu sun fi son ta. Ki jiƙa sili 3 ko 4 a ruwan ɗumi rabin kofi na minti 20, ki murje, ki tace. Tsaminta ya fi laushi kuma tana da ɗan zaƙi, don haka ki sa cokali 4 zuwa 5, ki rage ruwa da zuma. Mahaɗin zai fi duhu. Shi ya fi dacewa da dafaffen ganye da gasasshen kifi. Akwai kuma mai kindirmo: ki maye rabin ruwan da kindirmo mai kyau, ki rage lemu zuwa cokali 1. Wannan shi ya fi kusa da abin da yara suka saba da shi na kwalba, sai dai ba ya kwana.

In ƙuli-ƙuli ne a hannunki

Ba kullum ake da lokacin suya da markaɗe ba, kuma ƙuli yana kowace unguwa. Yana yi, amma da bambanci biyu. Na farko, an riga an matse masa yawancin mansa, sai kin mayar masa. Na biyu, busasshe ne ƙwarai, yana shan ruwa fiye da markaɗe.

Ki saya wurin wadda kika yarda da tsabtarta da irin gyaɗar da take amfani da ita, domin a ƙuli ba ki da damar tsincewa. Ki ɗanɗana kafin ki saya: kada ya zama mai sukari, kada ya yi warin tsohon mai. Ki daka ya yi laushi, ki tankaɗe, ki auna gari cokali 8. Ki zuba masa ruwan ɗumi cokali 8, ki juya, ki rufe minti 10 ya kumbura. Sannan ki zuba haɗin lemun nan, ki kawo man gyaɗa cokali 3 ki riƙa ɗigawa kina bugawa. Ki ƙara ruwa har ya kai kaurin da na faɗa. Yawancin ƙuli yana da gishiri, wani har da yaji da citta, don haka kada ki sa naki sai kin ɗanɗana. Ba zai yi santsin na markaɗe ba, amma ƙamshinsa ya fi ƙarfi tun da an soya shi sau biyu, kuma a kan zogale ni shi na fi so.

Ganyen da za a zuba wa

Ɗanyen ganye ba ya ganin wuta, kuma ba ki san ruwan da aka yi ban-ruwa da shi ba, ko wanda mai talla ya yayyafa masa don kada ya yi yaushi. Ki ware latas ganye-ganye, ki wanke a ruwa mai tsabta sau 3 kina canza ruwan, kina bin gindin kowane ganye da yatsa inda ƙasa take maƙalewa. Ki jiƙa a ruwan gishiri ko mai ɗan binega na minti 10, ki ɗauraye da ruwan sha. Kabeji ki cire ganyen waje, karas da gurji ki fere. Lokacin da ake fama da amai da gudawa a gari, ki bar ɗanyen latas gaba ɗaya, ki koma dafaffen ganye, mahaɗin yana tafiya da su duka.

Bayan wanki sai tsanewa, kuma mutane suna raina wannan. Jiƙaƙƙen ganye ba ya riƙe mahaɗi, zamewa yake yi ya taru a gindin faranti ya zama ruwa. Ki bar ganyen a kwando ya tsane sosai, ko ki shimfiɗa shi a kan tsabtataccen ƙyalle. Tumatir ki cire 'ya'yan da ruwan cikin. Albasa ki yanka siriri ki ɗauraye da ruwa don zafinta ya ragu.

Kabeji da karas su ne suka fi jure wannan mahaɗi, domin suna da ƙarfi. Su za ki iya cakuɗawa minti 15 kafin a ci, har sun fi daɗi in sun ɗan sha. Latas kuwa da ya ji gishiri da tsami yake kwanciya, kada ki zuba masa sai an zauna. Da azumi, ki gama komai tun da la'asar, ganye a kwanonsa a rufe, mahaɗi a nasa, sai an kira sallah ki haɗa. Ki fara da rabin mahaɗin, ki juya da hannu mai tsabta ko cokali biyu daga ƙasa zuwa sama, ki ƙara in da buƙata. Dafaffen ƙwai, ko soyayyen kifi da aka cire wa ƙaya, ko dafaffen dankali, suna mayar da shi abincin da zai riƙe ciki. Ki barbaɗa ɗan dakakken ƙuli ko farfasasshiyar gyaɗa a sama.

Ga zogale, ki dafa ya yi laushi, ki matse ruwan sosai da hannu, ki warware shi, kuma ki yi mahaɗin da kauri fiye da na latas. Rama tana da tsaminta, ko bayan an tafasa an zubar da ruwan, saboda haka ki rage lemu zuwa cokali 1 ko ki bar shi. Tafasa da yaɗiya suna son mai da albasa da yawa. Kanzo kuma a jiƙa shi ya yi laushi, a tsane, a zuba mahaɗin da ɗan ruwa-ruwa domin zai shanye.

Akwai mutanen da jikinsu ba ya karɓar gyaɗa ko kaɗan. In kina da baƙi ki faɗa musu abin da ke ciki. Wanda ya ci ya ga leɓe ko fuska na kumbura, ko jiki ya feso da ƙuraje masu ƙaiƙayi, ko numfashi ya fara yi masa wuya, a kai shi asibiti nan take, kada a tsaya jiƙe-jiƙe. Jaririn da bai kai shekara 1 ba kuma ba a ba shi zuma, in zai ɗanɗana ki cire masa nasa kafin ki sa ta da yaji.

Ajiya

Markaɗaɗɗiyar gyaɗar da ruwa bai taɓa ba tana yin makonni a kwalba mai murfi, a wuri mai sanyi da ba rana. Kwalbar ta bushe ƙarau kafin ki zuba, kuma kullum da busasshen cokali za ki ɗiba. Man zai taso sama ya kwanta, ki juya shi ya koma kafin ki ɗiba. Ranar da kika ji warinta ya canza, ko tana kartar maƙogwaro, man ya tsufa, ki zubar.

Mahaɗin da aka riga aka sa wa ruwa da tafarnuwa kuwa lissafinsa daban. A firjin da wuta ba ta yankewa zai yi kwana 3 a rufe. Zai daskare ya yi kauri, ki fito da shi ya sha iska, ki sa ruwan ɗumi cokali 1 ko 2 ki buga, ki ƙara 'yan ɗigon lemu domin tsamin yana raguwa. Inda wuta take zuwa tana tafiya, kada ki dogara da firji. A watannin zafi, daga Maris zuwa Mayu, lokacin da rana take kai digiri 40 a garuruwanmu, ki haɗa iya wanda za a cinye a zama ɗaya, kada ya wuce awa 1 a waje. Tun da markaɗen yana kwalba a ajiye, sabon haɗi ba zai ɗauke ki fiye da kwata ɗin awa ba, kuma ga mutum 2 cokali 2 na gyaɗa da cokali 1 na lemu da cokali 3 na ruwa sun isa.